Ranar Da Aka Ceci Rumanu

"Casa'in da tara," in ji Malam Uzairu. "In da ɗari ma a sa."

Theodora ta ce babu ɗari, a nan injin ya tsaya. Tana zaune a kan benci a shagonta na gem da ke gaban gidansu a Abattoir, abin dannawa a hannunta, tana ƙera Uzairu a matsayin ɗan ƙwallo a cikin talabijin. Ta tambaye shi ƙarfin harbi, ta tambaye shi tsalle, yanzu an zo kan gudu, kuma amsa ɗaya yake ba ta. A ganinsa bai yi ƙari ba. Mutumin da ramin kuza ya rufta da shi ya fito da ƙafafunsa, wanda bijimi ya tsinke igiya a mayanka ya ɗaga shi sama ya dire a tsaye, wanda duk tashin hankalin da aka yi a garin nan bai gusa daga ƙofar gidansa ba, ai ba yarinyar da aka haifa a gabansa ce za ta ba shi saba'in ba.

"To Papa fa? Gudu nawa zan sa masa?"

 Papa shi ne Romanus, ubanta, wanda Uzairu ke kira Rumanu tun suna yara a barikin kuza wajen Bukuru. Yana kwance a ɗakin da ke bayan bangon shagon, wata huɗu ke nan da ɓarin jikinsa ya shanye. Shi ya kawo wannan magana. Kullum yana jin ihun masu buga gem ta bango, har ya tambayi 'yarsa abin da suke wa ihu. Da ta ce ana iya ƙera kowa a sa shi a fili, sai ya ce a ƙera shi, a ƙera maƙwabcinsa Uzairu mai cika bakin nan, amma a sa su ɓangare ɗaya. A bariki kullum gaba da juna suke bugawa, da mafitsarar saniya da uban Uzairu ke hura musu, kuma ya ce ya gaji da tsaron mutumin da ba ya ba kowa ƙwallo.

Gaskiyar magana, Rumanu bai taɓa iya gudu ba. Arba'in ma an yi masa alheri. Uzairu ya dubi bangon, ya gyara hula.

"Sa masa casa'in da takwas."

Ta sa. Ya ce Rumanu bahago ne, ta gyara ƙafar. Ta rubuta sunayensu a bayan riguna, amma da yake Uzairu bai taɓa shiga aji ba, kuma yana alfahari da cewa duk da haka babu ɗan bokon da ya taɓa cutarsa, sai ta yi wa na Rumanu sanƙo da farin takalmi don ya riƙa gane shi. Suna gamawa wani akwatin rubutu ya fito a tsakiyar talabijin. Ta ce injin yana tambaya ne ko a yi sebin.

"A yi me?"

Ta ɗan ɗaga kai tana neman kalmar da Hausa. Wadda ta zo mata ita ce wadda ta saba ji a coci.

"Ceto, Baba. Yana tambaya ko a cece shi."

"Injin ne ke tambaya?"

"Shi ne."

"To me kike jira? Cece shi mana."

Ta danna. Wata 'yar fitila ta yi ƙyafta-ƙyafta, ta nuna masa wani ɗan kati kamar akwatin ashana da ke maƙale a jikin injin, ta ce shi ke nan, an cece shi, yanzu ko an ɗauke wuta yana nan, babu abin da zai same shi.

Kada wani ya ce Malam Uzairu wawa ne. Ya san rai na Allah ne, ya binne mutane fiye da yadda zai iya ƙirgawa. Amma ya kuma san likitoci sun ce a mayar da Rumanu gida, kuma a 'yan shekarun nan da idonsa ya ga waya marar igiya ta shigo Jos, mahauci yana tsaye cikin jini yana magana da ɗan'uwansa a Legas. Wanda ya ga wannan ba zai yi saurin cewa ga iyakar abin da inji zai iya ba. Bai yarda duka ba, bai kuma ƙi ba. Ya dai riƙe maganar a ƙirjinsa.

Bayan la'asar suka kinkimi talabijin zuwa ɗakin. Warin man zafi ya cika shi, carbin Rumanu mai gicciye yana rataye a ƙusa, kwanon kunu da ƙuda ɗaya a kan kujera. Aka jingina shi da matasai biyu. Theodora ta miƙa wa Uzairu abin dannawa, ya karɓa kamar wanda aka haifa da shi, ya tambaya ina na Rumanu. Ta ce ba sai an ba shi ba, hannunsa ba zai riƙe ba, injin zai tuƙa shi da kansa.

Aka hura usur. Uzairun cikin talabijin, mai casa'in da tara a komai, ya kwasa da gudu ya fice daga fili. Aka dawo da shi ya tsaya yana juyi wuri ɗaya kamar akuyar da aka ɗaure. Mai sanƙo kuwa ya karɓi ƙwallo a tsakiya, ya wuce mutum biyu, ya sa ƙafar hagu ya zura ta a raga.

Rumanu ya yi dariya da rabin bakinsa mai motsi har hawaye ya gangaro masa cikin kunne. Maganarsa tana fita a hankali, kalma-kalma.

"Shekara sittin, Uzairu, kana cewa ka fi ni."

Uzairu ya ce abin dannawar ne ya lalace, kowa ya gani, a kawo masa mai kyau a ga aiki. Da Theodora ta fita ɗebo ruwa, sai ya matso da bakinsa kusa da kunnen abokinsa.

"An cece ka fa. A gabana aka yi."

"Wa ya cece ni?"

"Injin 'yarka."

Rumanu ya daɗe yana kallonsa. Sannan ya ce ai Fada, limamin cocinsu, ya riga injin, tun ranar Lahadi ya zo ya shafa masa mai.

"To biyu ke nan," in ji Uzairu. "Ka fi kowa gata a layin nan."

Ranar Alhamis da hantsi, Uzairu yana wasa wuƙa a ƙofar gida, ya ji kukan Theodora. Bai tambayi kowa ba. Ya ajiye wuƙar, ya shiga ya ɗauko shebur da diga, ya tsallaka kwata ya tsaya a tsakar gidan Rumanu yana tambaya ina za a haƙa, don kafin azahar ya kamata a gama. 'Yan cocinsu suka dube shi, suka dubi shebur. Wani dattijo ya ja shi gefe ya gaya masa cewa asibiti za a kai gawar a ajiye a sanyi, sai bayan mako uku a tafi da ita ƙauyensu a gabas. Uzairu ya san suna yin haka, ya sha gani. Bai dai taɓa kawo wa ransa cewa har da Rumanu ba, mutumin da aka yanke wa cibi a bariki, wanda in ka ɗebe shekarun yaƙin basasa bai taɓa yin wata biyu a jere a can ba, wanda ko zagi da Hausa yake yi. Ya koma gida da shebur ɗinsa a kafaɗa, busasshe.

Kwana uku ya daure, sannan ya sami Theodora a bakin shagon da ke rufe, tana tsinke ganyen miya don baƙi.

"Kin ce an cece shi."

Ba ta gane ba da farko. Da ta gane sai ta saki ganyen, ta rufe fuska da zane. Ta ce ba haka take nufi ba, ta rantse, kalmar ce ta zo mata a haka. Ajiya ake nufi. Ajiye shi kawai aka yi a cikin katin.

"A asibiti ma sun ce ajiye shi suka yi."

"Wannan daban, Baba."

"To wanne ne shi?"

Bai jira amsarta ba. Ya kai maganar gida, matarsa Suwaiba ta ce tun farko ita ba ta so abin ba. Ta ce wa ya sani ko kurwar bawan Allah aka kama aka cusa a kati, shi ya sa bai ƙara kwana huɗu ba, kuma ko ba haka ba ne, bai dace a bar mamaci yana guje-guje da gajeren wando yara suna masa ihu ba. A goge shi ya huta. Uzairu ya daka mata tsawa ya ce me ta sani game da inji. Amma maganar ta shige shi. Shi ne fa ya ce a danna. Makonnin nan ya yi su yana wucewa ta gaban shagon yana rage tafiya. Wani lokaci ya ji kamar ya kashe abokinsa, wani lokaci ya ji kamar shi kaɗai ne ya hana a kwashe shi duka daga Jos.

Ranar tafiya da safe motar gawa ta tsaya a bakin layi, an manna hoton Rumanu a gilashinta, wanda ya ɗauka sanye da kwat, ba ya ko kama da shi. Ana ta loda buhunan dankali da kujeru a bas ɗin da zai bi ta. Theodora, cikin baƙaƙen kaya, ta kira Uzairu cikin shagon. Ta ce za ta yi wata guda a can, wataƙila fiye. Suwaiba ta yi mata magana, kuma ita kanta ba ta san abin da ya dace ba. Dannawa ɗaya ne a goge. Ta ce shi ne abokinsa, shi zai faɗa.

Ya ce ta kunna ya gani tukuna.

Ta kunna. Fili ya fito kore shar, aka hura usur, mai farin takalmi ya taho da gudu daga gefen hagu.

"Wa ke tuƙa shi yanzu?"

"Ba kowa. Injin ne."

"Injin ya san shi?"

"Bai san shi ba, Baba. Abin da muka gaya masa kawai ya sani."

"Mun gaya masa ƙarya a wajen gudu."

Ta yi 'yar dariya, hancinta a toshe. A waje direba ya danna ham sau biyu, wata mata tana kiran sunanta. Theodora ta ɗora yatsa a kan maɓalli tana kallonsa. Malam Uzairu ya bi mai farin takalmi da kallo yana gudu a fili.

"Bar shi," ya ce daga baya. "Can ku kai musu wancan. Wannan a nan zai zauna."

Ta zare makullin shagon daga zarensa ta ajiye masa a kan benci, ta nuna masa inda ake kashewa, ta durƙusa ta gaishe shi, ta fita. Ya ji an rufe ƙofar bas, ya ji waƙar cocinsu ta tashi, tana raguwa har ta sha kwanar mayanka.

Ya zauna da abin dannawa a cinya. A cikin talabijin ƙwallo ta gangaro ta tsaya a ƙafar nasa mutumin, wanda ke tsaye ƙiƙam a tsakiyar fili. Mai sanƙo ya ruga gaba, ya tsaya, ya dawo baya kaɗan, ya ɗaga hannu ɗaya sama. Uzairu ya sunkuyar da kai, ya kawo abin kusa da idonsa, yana bin maɓallan da babban yatsa ɗaya bayan ɗaya, yana neman wanda ake tura ƙwallo da shi.