Dawaki Ɗari Uku na Branko

Wani dare a watan Fabrairu, zafi ya hana ni shiga ɗaki, na ji wani sauti daga bayan shinge: dogon huci, sannan fur-fur-fur kamar tantabara ta maƙale a gwangwani. Ban yi nisa a makaranta ba, amma kukan tsuntsayen garinmu Adelaide na san su, wannan kuwa baƙo ne. Na ɗauki tocila na leƙa.

Maƙwabcina Branko ne a gareji, zaune cikin tsohuwar jar motarsa. Tun da na tare a layin ban taɓa ganinta babu tampol a kanta ba. Tulun iskar da asibiti ya ba shi na kan kujerar gefe, ya ɗaura masa bel. Ya ce ba tsuntsu ba ne, turbo ne, na'urar da ke cusa wa inji iska, ke sakin iskar idan ya ɗaga ƙafa daga totur.

Duk layin mun san labarin motar. Da hannunsa ya sake haɗa injin tun yana ma'aikacin masana'anta, kuma shekara da shekaru yana cewa ƙarfinta dawaki ɗari uku ne. Des, tsohon direban tirela da ke ƙarshen layi, ya rantse ba ta wuce ɗari biyu. Kowace Asabar sai sun yi musun nan kan kwalbar giya.

Yanzu likita ya ce huhun Branko ya kusa ƙarewa. Sai ya yanke shawarar kai ta garejin awo, inda ake ɗaure mota kan wasu manyan ƙarafa masu juyawa, ta yi ta gudu ba ta zuwa ko'ina, na'ura ta faɗi ƙarfinta. Abin ya burge ni. Na kwana ina tunanin inda tafiyar take zuwa.

Des ya ce zai kama masa layi a satin nan. Branko ya ƙi. Ya bayyana mana cewa iskar zafi sakayau ce, ta sanyi kuwa mai nauyi, kuma turbo da ita yake rayuwa. A wannan zafi, in ji shi, za a sace masa dawaki ashirin. Sai Yuni, lokacin sanyi a nan, da sassafe.

"Kai dai tsoro kake ji, tsohon banza," in ji Des.

"Kai kuma so kake a auna ta tana haki, don ka samu bakin magana."

Matar Branko, Mirjana, ta ajiye mana kofi.

A Afrilu Branko ya daina iya zuwa gareji. Aka mayar da gadonsa falo, kusa da taga, ya sa na rataye masa ma'aunin zafi a waje inda zai riƙa gani. Des ya zo wata rana ba giya ba tsokana, ya ce safiya ta fara sanyi, a je gobe, shi zai tura keken guragu, shi zai tuƙa. Branko ya daɗe yana kallon ma'aunin yana neman numfashi.

"Da saura, mutumina," ya ce. "Ba zan ba ka ko doki ɗaya kyauta ba."

Ya rasu a tsakiyar Mayu, da rana, Mirjana na shanya. Bayan an dawo daga coci aka ci kabeji naɗe da nama a gidan, Des ya zauna a lungu bai taɓa farantinsa ba.

Sanyi ya sauka a makon farko na Yuni. Na tashi na ga raɓa ta daskare kan ciyawa, fari fat. Da na fito, na tarar da Des tsaye a ƙofar garejin cikin babbar rigar sanyi. Mirjana ta fito da makulli, ta ce tun kafin Branko ya rasu ya gaya mata, ranar da ciyawa ta yi fari a ba Des.

Des ya karɓa. Muka yaye tampol. Ya buɗe ƙofar direba, ya ɗora ƙafa ɗaya ciki, sai ya tsaya a haka, tururi na fita daga bakinsa.

"To idan muka kai ta," ya ce, "aka ce ni ne da gaskiya fa?"