Ranar da Aka Sauke Hotunan Baba Cleophus

"A hankali da wancan, Odessa. Uwarki ce," in ji Baba Cleophus, yana kallon 'yarsa tana sauke hotuna daga bangon falo.

Mai ƙiyasta farashin gida ne zai zo da rana. Wanda banki ya turo a watan jiya ya kalli baƙaƙen fuskokin da ke bango, ya yi wa gidan kuɗin garejin mota. In ba a sami rance a kan gidan ba, babu halin ɗaukar mai jinya, sai dai a kai shi gidan tsofaffi. Shi ya sa Odessa ta roƙe ni in zauna a matsayin mai gidan. Ni na koya mata lissafi a firamare, kuma ni kaɗai ce farar fatar da ta rage a layinmu, nan kudancin Chicago.

"Da na dawo daga soja, banki ya ce an zagaye unguwar nan da jan biro a taswira, ba rance ga baƙar fata," in ji Baba Cleophus. "A hannun dillali na saya, ninki biyu. Yau kuma ni ne sharar da za a kwashe kafin baƙo ya iso."

"Haba, Baba."

"Wasa nake, yarinya. Malama, ki yi masa murmushin nan naki na ranar taron iyaye."

Muka tura shi a kekensa na marasa lafiya zuwa gidana a tsallaken titi, hoton marigayiya matarsa Vernell a cinyarsa. A bakin ƙofa ya kama hannuna.

"Na yi wa Vernell alkawarin a gidanmu zan cika. Kada ki tsayar da baƙon nan da shan kofi."

Mutumin ya zo, mai fara'a. Ya auna ɗaki bayan ɗaki, bai yi sauri ba.

"An kula da gidan nan, madam. Wa ya yi miki wannan matakalar?"

"Wani maƙwabcina," na ce.

Muna ɗakin sama na hango Odessa ta taga. Tana tsaye a ƙofar gidana, ta toshe baki da hannu biyu tana kuka. Nan na gane Baba ya cika. Ta dube ni, ta dubi motar mutumin. Ba ta tsallako ba, ni ma ban motsa ba.

"Saura kicin," in ji mutumin.

Bayan motarsa ta sha kwana, Odessa ta shigo rungume da hoton Vernell. Ta tsaya a tsakiyar falo tana duban ƙusoshin da ke bango, tana neman wadda take ta hoton uwarta.