Kiɗan Muguwar Shugaba

Tunda aka fara nuna wasan a talabijin ba ta ƙara shiga kasuwa lafiya ba. Ita ce ke fitowa a shugabar makaranta mai baƙin hali, kuma duk sanda za ta shiga aji akwai wani kiɗa mai kauri da ake sakawa, kamar takun takalmi a baranda. Yanzu ko tumatir ta tsaya saye, sai ta ji masu kaya suna yin kiɗan da baki. Har jikarta ta iya.

Ran da makanikenta ma ya yi mata kiɗan, ta ce abin ya ishe ta. Ta nufi situdiyon wanda ya haɗa kiɗan, mutumin da 'yan fim ke kira Kunne. Ya yi furfura a wannan aiki. Da kiɗan tallan sabulu ya fara a rediyo, ya koma fina-finai, har ta kai darakta kan ajiye fim ya jira shi ya samu sarari.

Ɗakin ƙarami ne, bango duk soso, wayoyi birjik a ƙasa. Ta same shi gaban fiyano, ya kashe muryar wani fim yana kallon fuskoki kawai.

"Malam, ka hana ni sakat a gari," ta ce. "Me na tsare maka?"

Ya yi dariya, ya kwashe tarkace daga kujera. "Yaya, zauna tukuna. Ni ba labari nake bi ba, mutum nake kallo. Zo ki ga abin da kika ba ni."

Ya nemo wani wuri a kashi na farko na wasan. Ga ta nan ta gama yi wa wata ɗaliba tsawa, yarinyar ta juya, sai hannun Shugaba ya ɗan miƙe zai gyara mata wuyan riga, ya fasa. Ita kanta ba ta san ta yi haka ba.

"Daga hannun nan na ɗauko," ya ce. Ya kaɗa kiɗan nan dai, amma a hankali, da yatsu biyu. Sai ga shi waƙar lallashin jariri ce. "Ganga da ƙaho na ɗora masa don ya ɓuya, yadda matar ke ɓoye tausayinta."

Mahaifiyarta ce ta faɗo mata a rai, matar da ba ta iya cewa sannu ba sai dai faɗa.

Daga nan gidan marubucin wasan ta wuce, ta matsa masa har ya rubuta wa Shugaba wani wuri inda take zaune ita kaɗai a aji bayan an tashi. Kunne ya saka kiɗan tsirara, ba ganga. Ran da aka nuna, mijinta ya tashi wai zai sha ruwa, ya daɗe bai dawo falo ba.

Ta kira Kunne ta yi masa godiya.

"Godiyar me, Yaya?" ya ce. "Ki dai roƙar mini daraktan nan ya daina saurin yanke hotonki da zarar kin gama magana. Shirunki nake buƙata."