Godiyar da Nobuo Ya Yi

Shekara talatin da huɗu Tomie tana auren Nobuo a garin Kawaguchi na ƙasar Japan, har ɗansu Yuji ya girma, kuma kalma uku ta sani a bakinsa in ya dawo daga aiki: "Wanka. Abinci. Shimfiɗa." Sunanta ma ya gagare shi, sai dai "Ke!" Ta haƙura, tana cewa haka Allah ya yi shi, bakinsa ne mai nauyi.

Da ya yi ritaya sai ya sayo wani ƙaton tabarau mai rufe rabin fuska, irin wanda in ka saka sai ka ga kanka a wani ɗaki, ga mace a gabanka kamar ka miƙa hannu ka taɓa. Tomie ba yarinya ba ce, ta san irin finafinan da ake kallo a ciki. Ta taɓe baki kawai. Tsoho da budurwar zuciya, can ta matse masa.

Ran nan da rana ta kawo masa shinkafa da gasasshen kifi, ta turo ƙofar da gwiwa. Yana durƙushe a kan tabarma, tabarau a fuska, ya dafa ƙasa da hannu biyu yana sunkuyar da kai irin gaisuwar da ake yi wa manya.

"Na dawo," in ji shi, da wata murya mai laushi da ba ta taɓa ji ba. "A'a, ke ce da wahala. Zauna ki huta."

Ashe bakin nan yana buɗuwa! Ashe ya iya! Tsiraicin da ke cikin abin bai dame ta ba ko kaɗan. Ladabin nan ne ya ƙona mata rai. Ita da ta yi jinyar uwarsa shekara shida, ko sannu ba ta samu ba.

Ta ajiye abincin. Ta zagayo ta durƙusa daidai inda yake fuskanta, gwiwarta na ƙara. Ko na aro ne, yau sai ta ji da kunnenta.

Ya ɗago kai, ya yi murmushi saitin fuskarta.

"Na gode ƙwarai. Ban san yadda zan yi ba in babu ke."

Tana sane ba da ita yake ba, amma bakinta ya riga ta.

"Ba komai, Baban Yuji."

Murmushin ya ɗauke.

"Ke! Yi mana shiru, tana magana."