Birnin da Ke Kan Gilashi

Wata uku cur ta yi tana zana birnin nan a kan gilashi mai girman ƙofa: ganuwa, hasumiya, har da shanya a kan wani rufi da bai kai farce ba. Tsakiyar gilashin ta bar ta fili. Ta nan kyamara ke hango 'yan wasa suna tafiya a filin ajiye motoci, amma a majigi sai ka rantse ƙofar birni suke shiga. Sana'ar ke nan. In ɗan kallo ya gane zane ne, to aiki ya ɓaci.

Babanta, tsohon magini, bai taɓa ɗaukar abin a bakin komai ba. Shekara goma sha ɗaya yana gaya wa dangi wai 'yarsa shafe-shafe take yi wajen 'yan fim. Abin na cin ranta ƙwarai. Ita ba suna take nema ba, so take sau ɗaya tak bakin nan nasa ya ce ta iya.

Da fim ya fito ta kai shi silima da rana, ta zaunar da shi a kujerar tsakiya. Birni ya bayyana, daƙiƙa shida, ya wuce. Ta taɓa hannunsa, ta raɗa masa cewa wancan aikinta ne.

Suna fitowa tsoho ya shiga santi. Wai maginan zamanin da su ne magina, a dubi jerin dutse, a dubi inda ruwa ya ci gindin ganuwa. Ta ce ai ita ta yi zaizayar nan da ɗan siririn buroshi, kuma katangar gidansu ta kwaikwaya, wadda shi ya gina. Ya yi mata kallon sama da ƙasa.

"To, kai ni in ga gilashin."

Ina fa gilashi! A ma'aikatarsu, da an gama ɗauka mai zane da kansa yake kankare aikinsa da reza, a wanke, a ɗora wani. Tun watan jiya ta kankare birnin, yanzu rabin teku ne a kai. Tana bayani tana ji da kunnenta yadda maganar ke kama da ƙarya, baƙin ciki kamar ya kashe ta.

"Shekara arba'in ina gini, na san dutse in na gan shi," in ji shi. "Kada ki ƙara cin gumin magina a gabana."

Suka shiga tasi zuwa gida. Da direban tasi ya yi ta hira, yana ba shi labarin ganuwar.