Gayyatar Laraba

Gayyata suke ce mata. Gayyata! Sai ka ce biki. Sai da 'yan sanda suka fara gayyatar mijina Shitu na san akwai wadda mutum ba ya cewa yana da uzuri.

Tumatir muka shuka a ranin nan, a gonarmu da ke ƙasan dam ɗin Tiga, kuma da shi muke ci shekara. Layinmu na ban ruwa ranar Laraba kaɗai ake sakar masa ruwa. Wanda bai je ya shayar da gonarsa ba, sai wata Larabar.

Maƙwabcin gonarmu Mujitaba ya daɗe yana son filin nan, Shitu yana hana shi. Kwatsam sai ya kai ƙara wai an sace masa injin ban ruwa, kuma Shitu yake zargi. Shitun da ko tsintuwa ya yi sai ya kai wa mai unguwa! Takarda ta zo: ya je ranar Laraba da safe. Suka zaunar da shi a benci, babu tambaya babu komai. Sai da aka rufe ruwa da la'asar suka ce ya tafi, bincike yana ci gaba. Wani mako ma haka.

Laraba ta uku ƙaninsa Zakari ya yi mana ban ruwan. Ta huɗu takarda ta zo da suna biyu, nasa da na Zakari. Daga nan ko leburori suka fara sauya hanya in sun hango mu. Ni da kaina na ɗauki fartanya da tsohon ciki na je. Kwamin tumatir shida kawai na shayar, jiri ya zaunar da ni.

Muka ɗauki lauya, ya roƙi kotu ta hana su. Ranar zama na sa mayafina na fita unguwa, wallahi har da murnata.

Alƙali ya dubi lauyanmu. "Sun taɓa kwana da shi?"

"A'a, ya mai shari'a."

"Sun dake shi?"

"A'a."

"To kotu ba za ta hana 'yan sanda bincike ba, ko kiran wanda ake zargi. Aikinsu ne. In sun tsare shi ya wuce ƙa'ida, ku dawo."

Ban san lokacin da na miƙe ba. Na ce, "Ranka ya daɗe, to a ce musu su mayar da ita Alhamis mana! Alhamis kawai!"

Bai yi mini tsawa ba, da ma ya yi. A hankali ya ce, "Baiwar Allah, ranar ma ba ni nake sa musu ba."

Na yi kuka a mota har Tiga, kuma ban ji kunyar kowa ba.

Furen tumatir ya zube, ganyen ya nannaɗe, ƙasa ta tsattsage. Shitu ya daina magana a gida. Ran nan ya kira mai unguwa da shaidu biyu, ya sallama wa Mujitaba filin.

Tun daga ranar takarda ba ta sake zuwa ba. Ba a ce an ga injin ba, ba a kuma ce mijina ba ɓarawo ba ne. Na tambayi lauya, ya ce ai ba a rufe binciken ba, ko yaushe za su iya nemansa.

Mujitaba ya kafta gonar ya zuba masara, yana neman leburan da ya san inda ruwa yake kwanciya a cikinta. Jiya da safe Shitu ya ɗauki fartanyarsa. Na ce, "Malam, ina zuwa?"

Bai dube ni ba. Ya ce, "Juwairiyya, haihuwarki ta kusa."