Harshen da Lambebo Ya Farka da Shi

Ranar da hawan jini ya kayar da Lambebo, yana tsugune ne a bayan ɗaki yana gyaran akurkin kaji. Matarsa Dirribe ta ji faɗuwar guduma, ba ta kawo komai a ranta ba. Sai da shirun ya yi yawa ta leƙa, ta same shi kwance a gefe guda, baki ya karkace, kaji na zagaya shi.

Ya yi kwanaki a asibiti bai san inda kansa yake ba. Da ya buɗe ido ya buɗe baki, abin da ya fito ba Amharanci ba ne. Likita ya ce hakan na faruwa: wani lokaci ciwon yakan share harsunan da mutum ya koya da girmansa, ya bar masa wanda ya sha a nono. Dirribe ta ce to. Ta naɗe bargo, ta ɗauki kwanuka, suka dawo gidansu da ke garin Adama, a ƙasar Habasha.

Shekara arba'in da ɗoriya suna tare, kuma da Amharanci suka yi komai. Da shi ya neme ta, da shi suka yi faɗa, da shi suka yi renon 'yarsu Mulunesh wadda ke aure a Addis Ababa. Ita 'yar Oromo ce daga ƙauyukan bayan Mojo. Shi ɗan Kambata ne, ya gangaro daga duwatsun kudu yana saurayi, ya yi yankan rake a Wonji har bayansa ya ranƙwafa. Ya iya Oromanci na cin kasuwa da na zolayar surukai. Ita kuwa ba ta taɓa koyon nasa ba, don ba ta taɓa jin yana yin sa ba, sai in ya buge yatsa ko ya yi tuntuɓe.

Yanzu kuwa daga safe zuwa yamma shi yake yi. Yakan dube ta da ladabi, ya jero magana mai tsawo, ya tsaya yana jiran amsa. Ta miƙa masa ruwa, ya karɓa. Ta gyara masa matashi, ya gyaɗa kai. Sannan ya sake jero maganar.

Maƙwabciyarta Letay, 'yar Tigray mai sayar da dakakken barkono, ita ta fara gwada sa'arta. Ta zauna a bakin gado ta yi masa Tigiranci da ƙarfi, kamar kurma ta samu.

"Ke Letay, kunnensa lafiya lau," in ji Dirribe.

"To ai sai ki yi masa naku na masu shanu mu gani, ko zai tuna sadakin da bai gama biya ba."

Dirribe ta yi masa Oromanci, ta kira shi da sunan da iyayenta ke kiransa. Ya yi mata murmushi da rabin bakin da ke motsi, irin murmushin da ake yi wa baƙo a mota.

Aka kira Muzeyin mai kanti, ɗan Gurage, wanda kullum yake cika baki cewa babu harshen da ba ya ciniki da shi. Ya shigo yana gyara hula, ya kasa kunne, ya daɗe yana murza gemu.

"Iya, wannan ba na ciniki ba ne," ya ce. "Na ji kamar ya ce saniya. Ko kuma ƙafa."

"Saniya ko ƙafa!" in ji Letay. "Tashi ka koma kan sabulunka, malamin harsuna."

Suka yi dariya, har Lambebo ya taya su. Dirribe tana tsaye da kwano a hannu tana kallonsu. Ta san abin dariya ne, amma dariyar ba ta zo ba. Kuka ma bai zo ba, tun ranar akurkin. Takan tashi, ta wanke shi, ta juya shi, ta toya injera, gurasarsu ta yau da kullum, ta ba shi a baki, ta share ɗaki. In Mulunesh ta kira a waya tana shessheƙa, sai ta ce mata, "Yana cin abinci," ta kashe.

Letay ce ta tuna da Ergicho, wani tsoho da suka yi yankan rake tare da Lambebo, wanda har yanzu yana zaune wajen ɗansa a Wonji. Aka aika aka ɗauko shi a keke mai ƙafa uku. Ya shigo da sanda, idonsa ɗaya ya yi fari. Yana yin gaisuwa da Kambatanci, Lambebo ya yunƙura zai tashi. Ya riƙe hannun tsohon da hannunsa mai lafiya, magana ta ɓalle masa kamar an fasa tulu.

Dirribe ta hura gawayi ta soya gahawa, ta daka, ta dafa, ta sa gishiri da ɗan man shanu yadda mutanen Kambata ke so. Tana jin Ergicho yana dariya yana amsawa. Can dariyar ta ragu, sannan ta tsaya.

"Me yake cewa, Yaya?" ta tambaya.

"Surutun masu ciwo ne. Yana tambayar shanun babansa, ko an kora su rafi."

"Wannan ba shi yake faɗa mini ba. Wadda yake maimaitawa kullum in ya dube ni, ita nake tambaya."

Ergicho ya juya kofi a hannunsa. Letay ta yi masa alama da ido ya yi shiru, Dirribe ta gani.

"Faɗa mini. Na tsufa da a ɓoye mini magana."

"Cewa yake a yi miki godiya," in ji tsohon. "Ya ce matar gidan nan mutumiyar kirki ce, ba ta san shi ba amma tana ciyar da shi, har wanka take masa. Ya ce kunya ta ishe shi. Yana roƙo a gaya wa mahaifiyarsa inda yake, a zo a ɗauke shi, kada ya zame miki nauyi."

Letay ta rufe baki da gyale ta fita tsakar gida. Dirribe ta ɗauki butar gahawa ta ƙara wa Ergicho.

"Ka gaya masa ba nauyi," ta ce.

"In gaya masa ke ce matarsa?"

Ta dubi Lambebo. Yana kallonta, yana jiran ya ji ko saƙonsa ya isa.

"Ka gaya masa ba nauyi. Ka ce an aika wa tsohuwarsa."

Kafin Ergicho ya tafi ta sa ya koya mata kalmomi kaɗan: ruwa, ci, juya, zafi. Ruwa kaɗai ya zauna mata daram, wo'a. Sauran takan murɗe su, Lambebo ya gyara mata a hankali, kamar mai koya wa baƙuwa. Haka suka ci damina. Kullum ya yi mata godiya, kullum ta ce ba komai da Amharanci, ta ɗauke kwano.

Ya rasu bayan an ɗauke ruwa, da hantsi, tana shanya zanin gadonsa. Ta shigo ta tarar, ta rufe masa ido, ta koma ta ƙarasa shanyar kafin ta ƙwanƙwasa wa Letay.

Ƙungiyar jana'iza ta unguwa ta kafa rumfa a bakin titi. Washegari mota ta sauke 'ya'yan ƙaninsa daga Durame, can ƙasarsu ta Kambata, mutanen da sau biyu kacal ta taɓa gani. Suka shigo suna bugun ƙirji suna kirarin mamaci da harshensu. 'Yan'uwanta na Mojo suna nasu a gefe, Mulunesh tana birgima tana kiran babanta da Amharanci. Dirribe tana zaune kan katifa a tsakiya cikin baƙaƙen kaya, ana zuwa ana rungumarta, tana jin warin gumi da turare.

Babban cikin baƙin ya durƙusa gabanta. Amharancinsa a daddatse yake. Ya ce sun zo da roƙo: a ba su gawar su kai shi gida, kusa da iyayensa.

Mulunesh ta zabura. "Gida ina? Nan ne gidansa! Mama, ki yi magana mana!"

 Mutanen ƙungiya sun riga sun sa an haƙa kabari. Letay ta matse wa Dirribe hannu.

"Ku tafi da shi," in ji Dirribe.

"Mama!"

"Ya daɗe yana tambaya."

Ba ta bi motar ba, ƙafafunta ba za su iya hawan duwatsun ba. Mulunesh ce ta shiga gaba tana kuka, ba ta waiwayi uwar ba. Dirribe ta tsaya a bakin titi har motar ta sha kwana wajen gidan mai. Mata suka kamo ta suka mayar da ita rumfa, wata ta ajiye mata faranti a cinya. Ta gutsuri injera ta kai baki, ta tauna, ta haɗiye, ta sake gutsura.